Sunanka Yana Cikin Lis

Shekara huɗu da 'yan watanni na yi ina karɓar kuɗina a kan tebur. Ƙarshen wata, ko tsakiyar wata mai kamawa in an ga dama, sai masinja ya leƙo ya ce kashiya ya iso. Mu taru a wani ɗaki mai warin tsohon fayil da kashin jemage, mu ja layi. Kashiya ya lashi yatsa ya ƙirga, ya turo maka doguwar takarda ka sa hannu gaban sunanka, ya janye abarsa ya jefa a jaka. Ba a ba ka komai ka riƙe sai kuɗin, su ma kafin ka isa gida mai shago ya karɓe rabi. Duk tsawon wannan zama, in ka ta da maganar ofa, wato takardar ɗaukar aiki, amsar ɗaya ce: "Ka ƙara haƙuri, sunanka yana cikin lis." Ranar da aka kawo sabon shugaba ya ce kowa ya fito da shaidar cewa ma'aikacin wurin ne, mu goma sha ɗaya muka tsaya kallon juna. Ni abin da na iya lalubowa a gida shi ne hoton da muka ɗauka ranar bankwana da wani oga, ina can gefe, rabin fuskata ma ba ta fito ba.

Da ku nake, ƙannena da 'ya'yana na ƙasar Ruma da ƙasar Yarima, wato Batsari da Safana, ku da ake kira 'yan kazuwal. Yarinyar da ta gama makarantar koyon aikin lafiya take kwana a asibitin ƙauye tana karɓar haihuwa da fitilar waya. Saurayin da ya riƙe takardar NCE yana koyar da aji uku a kan abin da ƙungiyar iyaye da malamai ta tara. Mai shara, maigadi, direba, yaron gidan mai. Tun da lamarin 'yan bindigar dajin Rugu ya yi ƙamari, ma'aikaci mai hanya ya nemi a mayar da shi Katsina ko Dutsin-ma, aka bar asibitoci da makarantun ƙauyukan Batsari da Safana a hannun 'yan gari, kuma da yawansu ko lambar fayil ba su da ita. Ku ne ke riƙe da wurin, amma a takarda babu ku.

Akwai maganar da ke yawo a majalisu da wurin mai shayi, wai doka ta ce duk wanda ya yi wata uku yana aiki, wasu su ce wata shida, ya zama ma'aikacin dindindin ko an so ko an ƙi. Ni ma na daɗe ina riƙe da ita kamar laya. Ba haka dokar ta ce ba, kuma gara ku ji daga bakina tun yanzu da ku ji daga bakin lauyan wanda kuka kai ƙara.

Ga inda wata ukun ya samo asali. Dokar Ƙwadago ta Najeriya, wadda aka kafa tun zamanin mulkin soja na Janar Gowon, ta ce a sashe na 7 duk wanda ya ɗauki ma'aikaci dole ya ba shi takarda kafin wata uku su wuce. Takardar ta faɗi sunan mai aikin da na ma'aikacin, ranar da aka fara, irin aikin, nawa za a biya da kuma yaushe, awa nawa za a yi, maganar hutu da ta rashin lafiya, wa'adin da za a bayar kafin a rabu, in kuma aikin na ƙayyadadden lokaci ne, a rubuta ranar ƙarewarsa. Wannan shi ne haƙƙinka, haƙƙin a rubuta. Takardar tana iya cewa an ɗauke ka na shekara ɗaya kacal, kuma mai aikin bai karya doka ba. Wanda ya ƙi bayarwa ya yi laifi, sai dai tarar da aka yanka masa ba ta wuce naira 800 ba a karon farko. Shi ya sa babu mai jin tsoronta.

Duk da haka kada ku raina ta. Malamanmu na fiƙihu tun a zaure suke koyar da cewa ijara ba ta inganta sai an san aikin, an san ladan. Aya mafi tsawo a Alƙur'ani kuwa kan rubuta bashi ta sauka. Don haka neman takarda ba rashin kunya ba ne, ba kuma zargin oga da cin amana ba ne. Oga yana iya mutuwa, ana iya canza shi, ana iya faɗuwa zaɓe.

Akwai wasu haƙƙoƙin da dokar ta bayar ba tare da ta tambayi ko an kira ka kazuwal ba. Ba a korar mutum babu wa'adi, sai dai in laifi babba ya yi. Sashe na 11 ya ce wanda bai wuce wata uku ba a ba shi wa'adin kwana ɗaya, wanda ya wuce wata uku bai kai shekara biyu ba mako ɗaya, daga shekara biyu zuwa ƙasa da biyar mako biyu, shekara biyar zuwa sama wata guda, ko a biya shi kuɗin wa'adin. In wa'adin ya kai mako, a rubuce ake bayarwa. Wanda ya cika wata goma sha biyu yana aiki yana da hutun aƙalla kwana shida da albashinsa. In ciwo ya kwantar da shi kuma likita ya ba da shaida, yana da kwana goma sha biyu a shekara da biya. Mace mai ciki tana da mako shida kafin haihuwa da shida bayanta, kuma in ta kai wata shida a aikin, ba za a ba ta ƙasa da rabin albashinta ba.

Wadda ta fi burge ni ita ce dokar biyan diyyar ma'aikata ta 2010, domin ita ta kira ku da sunanku. Da ta zo bayanin wane ne ma'aikaci, ta haɗa da na wucin gadi, da na rabin yini, da ɗan koyo, da kazuwal. Mai aiki ne ke zuba kashi 1 cikin 100 na jimillar albashin da yake biya a asusun hukumar NSITF, ba a cire wa ma'aikaci ko kobo. In inji ya cinye maka yatsa, ko ka yi haɗari a hanyarka ta zuwa aiki, ko allurar da aka yi wa majiyyaci ta soke ki kika kamu da ciwo, akwai haƙƙin magani da diyya. Samarin da suka shiga rundunar tsaron al'umma da Gwamna Dikko Umaru Raɗɗa ya ƙaddamar a watan Oktoba na 2023, su kusan 1,500 a rukunin farko daga ƙananan hukumomi takwas da suka haɗa da Batsari da Safana, da waɗanda za su shiga nan gaba, ina roƙonku abu ɗaya. Kafin ka sa kaki, ka san abin da aka rubuta za a yi wa iyalinka in ka ji rauni ko ka kwanta dama, ka kuma bar kwafin takardar a hannun matarka ko mahaifinka.

Sai dai kowace doka tana da ƙofar baya. Dokar Ƙwadago da ta ce "ma'aikaci" tana nufin mai aikin ƙarfi da mai aikin akawu. Ta cire masu aikin mulki da na ƙwarewa, don haka malamin makaranta ko ma'aikaciyar jinya za su iya haɗuwa da lauyan da zai ce dokar ba da su take ba. Mafi ƙarancin albashi na naira 70,000 da Shugaba Tinubu ya sa wa hannu a watan Yuli na 2024 shi ma bai hau kan wurin da ma'aikatansa ba su kai 25 ba, bai hau kan aikin rabin yini ko na jinga ko na kamasho ba, haka ƙwadagon gona na damina. Ku ƙirga wuraren aiki nawa ne a cikin garin Safana ko Runka ko Wagini suke da mutum 25 in ka cire na gwamnati.

Abin da ya ɗan toshe ƙofar bayan nan shi ne gyaran tsarin mulki na 2010, wanda ya ba Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ikon sauraron duk wata rigima tsakanin ma'aikaci da mai aiki, har da abin da ake kira rashin adalci a harkar ƙwadago, ta kuma duba yadda ake yi a sauran duniya. Kotun tana da reshe a Kano. Alƙalanta ba su cika tsayawa kan laƙabin da aka ba mutum ba, sukan duba yadda zaman yake. Wa ke ba ka umarni? Kullum kake zuwa ko sai an neme ka? Duk wata ake biyanka? Shekara nawa? Mutumin da ya shekara bakwai yana buɗe ofis ƙarfe takwas kowace safiya da wuya a shawo kan alƙali cewa ɗan ƙwadagon yini ne. Haka nan kotunan Najeriya sun sha yanke cewa wanda aka ɗauka a kan gwaji, wa'adin gwajin ya wuce ba a sallame shi ba, aka ci gaba da sa shi aiki ana biyansa, to kamar an tabbatar da shi ne. Amma ku lura, shi wannan yana da takardar da ta ce gwaji, da ranar farawa. Abin da kotu ta fi yi shi ne ta sa a biya mutum haƙƙinsa da aka danne. Ta tilasta wa mai kamfani ya riƙe wanda ba ya so, wannan ba kasafai ba.

A aikin gwamnati kuwa, wanda shi ne burin yawancinmu a wannan yanki, maganar ta fi haka tsauri. Ba kowane mai kujera ne ke da ikon ɗaukar ma'aikacin dindindin ba. Akwai hukumar kula da ma'aikatan jiha, akwai ta ma'aikatan ƙananan hukumomi, malaman firamare suna ƙarƙashin hukumar ilimin bai-ɗaya, ma'aikatan asibitin ƙauye suna da hukumar lafiya a matakin farko. Shugaban sashe, ko hedimasta, ko kansila, ko ɗan majalisa, duk suna iya sa baki, kuma bakinsu yana da nauyi, amma sa hannunsu ba ya sa sunanka a takardar albashi. Ni wanda ya yi ta ce mini sunana yana cikin lis mutumin kirki ne, har yau muna gaisawa. Lis ɗin ma akwai shi, a cikin durowarsa. Shi kansa bai da ikon kai shi ko'ina.

Ku dubi abu biyu da suka faru a gabanmu. A 2016 gwamnatin Buhari ta kawo N-Power, ta ɗauki matasa 200,000 a rukunin farko, daga baya ta ƙara 300,000, ana ba su naira 30,000 a wata. Tun farko an faɗa cewa shirin na shekara biyu ne. Da rukunin farko suka zarce wa'adi, sai da yawa suka sa rai cewa an riga an zama 'yan gida. A tsakiyar 2020 aka sallame su duka. An yi zanga-zanga, an yi roƙo, amma takardar da suka amince da ita ba ta yi musu alkawarin aiki ba. A nan Katsina kuma Gwamna Aminu Bello Masari ya kawo S-Power, aka zuba dubban matasa a azuzuwa a kan ɗan alawus. Su nasu ya ƙare da daɗi, domin a 2023 gwamnatin Raɗɗa ta ba malamai 7,325 takardun aiki na dindindin. To amma ta wace hanya? Ba kotu ce ta ce daɗewarsu ta isa ba. Gwamnati ce ta yanke shawara, aka yi tantancewa, aka zauna jarrabawa. Wanda ya shekara biyar a aji amma takardunsa ba su cika ba, ko ya bar karatu ya kwanta har jarrabawa ta kayar da shi, shekarunsa ba su cece shi ba. Maƙwabtanmu na Maraɗi sun fi mu sanin wannan zama, domin tun ƙarshen shekarun 1990 Nijar take ɗaukar malaman kwantiragi har suka fi na dindindin yawa.

Don haka aikin da ke gabanka tun ranar farko shi ne tara shaida, a hankali, ba da faɗa ba. Ka sayi fayil na roba da littafi mai bango mai ƙarfi. Ka rubuta ranar da ka fara da sunan wanda ya karɓe ka. Duk takardar da sunanka ya fito a ciki, jadawalin kwana ne, ko na darasi, ko takardar tura ka bita, ko ta canjin wurin aiki, ka ɗauki hotonta, ka je mai kwamfuta ya fitar maka, domin waya tana faɗawa ruwa, ana kuma ƙwace ta a hanya. Rijistar zuwa aiki ka sa hannu kullum ko da wasu ba su damu ba. In da hali ka nemi a riƙa biyanka ta banki, saƙon shigar kuɗi na wata talatin a jere shaida ce da ba ta mantuwa, ba ta kuma jin kunyar kowa. In a tebur ake biya, ka roƙi kashiya ka ɗauki hoton layin da ka sa hannu. Ko takardar tuhuma aka ba ka don ka makara, kada ka yaga ta cikin fushi. Ba a tuhumar wanda ba ma'aikaci ba, ranar da aka ce ba a san ka ba ita za ta yi magana.

Idan wata uku sun cika, ka rubuta takarda cikin ladabi. Ka gode, ka faɗi ranar da ka fara da aikin da kake yi, ka roƙi a ba ka shaida a rubuce. Ka yi kwafi biyu, ka sa a buga maka hatimin karɓa a kan naka. Ko ba a amsa ba, hatimin nan da kwanan watansa ya riga ya zama shaida. Bayan shekara ka sake rubutawa. Na san abin da ke ranka, kana tsoron a ce ka fiye ido a kore ka a kawo wani, tunda masu jira sun fi gurbin yawa. Tsoron gaskiya ne. Shi ya sa ba a zuwa mutum ɗaya. Sashe na 40 na tsarin mulki ya ba kowa damar shiga ƙungiya don kare muradinsa, bai ware kazuwal ba. Ku haɗu ku tsara sunayenku, da ranar farawar kowa, da takardar karatunsa, ku kai wa shugabannin ƙungiyar ma'aikatan ƙananan hukumomi NULGE ko ta malamai NUT ko ƙungiyar ma'aikatan lafiya na ƙaramar hukumarku. Wani lokaci za su yi sanyin jiki, domin ba a cire muku kuɗin ƙungiya. Ku yi ta komawa. Ranar da gwamnati ta buɗe ƙofar ɗauka, ana fara duba jerin da ya riga ya iso teburi a tsare.

Takardun karatu ma a gyara su tun kafin a nema. Malami ya yi rijista da hukumar malamai ta TRCN. Ma'aikaciyar lafiya ta karɓi lasinta ta riƙa sabunta shi. Sunan da ke takardar firamare, da na sakandare, da na katin ɗan ƙasa, da na banki su zama ɗaya, haka ranar haihuwa. Na ga wanda aka ajiye gefe a wurin tantancewa saboda a wata takarda shi Sama'ila ne, a wata Isma'il, ya kwana biyu a Katsina yana neman takardar rantsuwa har aka tashi.

Wanda ya ce ka kawo kuɗi ya samo maka gurbi, ka riƙe kuɗinka. A 2023 kwamitin Majalisar Wakilai ƙarƙashin Yusuf Gagdi ya binciki cinikin guraben aiki, har wani tsohon ma'aikacin hukumar raba daidai ta tarayya ya amsa a bainar jama'a cewa ya karɓi kuɗin masu neman aiki. Wanda ya sayar da gona ko shanun huɗa ya sayi ofa, in ta fito ta bogi ba shi da bakin kai ƙara, tunda shi ma ya taka doka.

In kuwa an sallame ka da bashin watanni a kansu, kada ka zauna jiran gawon shanu. Hukumar sauraron koke-koken jama'a, wadda aka kafa a 1975, tana da ofis a kowace jiha, ba ta karɓar kuɗi, amma ba ta sauraron abin da ya wuce wata goma sha biyu. Akwai ofishin ma'aikatar ƙwadago ta tarayya, akwai hukumar ba da tallafin lauya ga marasa hali. Akwai kuma wata tsohuwar doka mai kare jami'an gwamnati da ta ƙayyade wata uku don shigar da ƙara, lauyoyin gwamnati kuma suna son ɗauko ta. Mu a nan mun saba a bi ta hannun manya, a je wurin mai gari, a je wurin hakimi, kuma sau da yawa hakan ya fi kotu sauri da rufin asiri. A bi ɗin, amma ana bi ana duba kalanda.

Abu na ƙarshe shi ne wanda ba a rubuta a kowace doka ba. Ka yanka wa kanka wa'adi. Shekarun kazuwal galibi ba su shiga lissafin fansho da garatuti, sanarwar ɗaukar aiki kuma takan zo da iyakar shekaru. Wanda ya shiga yana ɗan 25 ya yi ta jin gafara sa bai ga ƙaho ba har ya kai 38, ya yi asara biyu. Ka ce wa ranka shekara biyu ko uku, in ba a ga alama ba ka sake lissafi. Kafin nan kada ka saki gonar rogonka in tana inda ake iya zuwa, kada ki ajiye keken ɗinkinki, guntun gatarinka ya fi sari ka ba ni. Ni sai da aka sallame mu na tuna ina da hannu.

Kwanakin baya ɗiyar ƙanwata, wadda ke aikin sa-kai a wani asibitin ƙauye shekara biyu ke nan, ta zo gaishe ni. Na tambaye ta me take da shi a rubuce. Ta ce, "Kawu, ai kowa ya san ni a wurin, har matan garin ba su yarda kowa ya duba su sai ni." Na ce na ji, amma me take da shi a rubuce. Ta yi shiru tana wasa da bakin hijabinta. Muka zauna a tabarma na faɗa tana rubutawa, layi takwas, ta kwafe sau biyu da hannunta. Bayan mako ta kira ni ta ce shugaban asibitin ya karanta ya yi dariya, ya ce wa ya koya mata wannan, sannan ya ce hatimin yana wurin wani da ya tafi Katsina. Na ce ta koma ranar Litinin. Ta koma, ba a dawo da shi ba. Litinin ta uku aka buga mata, tawadar ta kusa bushewa, sai an karkata takardar wajen haske ake ganin kwanan watan. Ta sa ta a leda, ta ɗaga katifar mahaifiyarta ta ajiye tare da takardar gona.